Faretin 12 ga Yuli: Gangar da ke fama tsohon miki a Ireland ta Arewa

Kowace shekara a daren 11 ga Yuli, ana cinna wa manyan tsibin katako wuta a unguwannin mabiya Furotesta na birnin Belfast. Gari na wayewa, dubban maza rataye da ƙyalle ruwan lemo a wuya sai su cika tituna da kiɗan ganga da busar sarewa. Ƴan ƙungiyar Orange Order ke nan, suna bikin nasarar da Sarki William, ɗan Furotesta, ya samu a kan Sarki James na Biyu, ɗan Katolika, a yaƙin kogin Boyne a 1690.

An kafa ƙungiyar ne a 1795 a yankin Armagh, bayan wata arangama tsakanin ɓangarorin biyu. Tun daga nan faretin bai rabu da rikici ba, har majalisar Birtaniya ta haramta irinsa a 1850, kafin a soke dokar a 1872.

Rigimar ta wuce batun ibada. Akasarin Furotesta na son ci gaba da zama a ƙarƙashin Birtaniya, yayin da yawancin Katolika ke fatan haɗewa da Jamhuriyar Ireland. Shi ya sa idan fareti ya ratsa unguwar Katolika, mazauna ke ɗaukarsa a matsayin tsokana, masu faretin kuwa su ce gadon kakanni ne kuma titi na kowa ne.

A watan Agustan 1969, faretin wata ƙungiya mai kama da ita, Apprentice Boys, ya haddasa tarzoma a Derry, har aka turo sojojin Birtaniya. Rikicin da ya biyo baya ya ci rayuka sama da 3,500 kafin yarjejeniyar zaman lafiya ta 1998. A Yulin shekarar ma, ana tsaka da taƙaddama kan bin titin Garvaghy a Portadown, yara uku ƴan gida ɗaya suka mutu bayan an jefa bam ɗin fetur gidansu a Ballymoney.

Yanzu wata hukuma ce ke yanke hukunci kan hanyar da fareti zai bi, kuma mafi yawansu suna ƙarewa lafiya. Sai dai ƙidayar 2021 ta nuna a karon farko waɗanda suka tashi a gidajen Katolika sun fi na Furotesta yawa, kuma har yau katangu ne ke raba wasu unguwannin Belfast.