Daga Gidan Fatoma Zuwa Otal: Yadda Kasuwar Masauki Ke Sauyawa a Kaduna

Unguwar Kanawa, wadda ke bakin titin Ali Akilu a Ƙaramar Hukumar Kaduna ta Arewa, ba ta cikin unguwannin da aka sani da manyan otal-otal, amma tana zaune a tsakiyar abubuwan da ke kawo baƙi garin Kaduna, domin tsohon mazaunin makarantar horar da hafsoshin soja ta NDA yana maƙwabtaka da ita, tashar Kawo da hanyar Zariya da Kano suna arewa da ita, ofisoshin gwamnati da majalisar dokoki ta Lugard Hall kuma suna kudu. Duk wanda ya kwana a wannan ɓangare na gari yana da dalilin da ya kawo shi, kuma waɗannan dalilai su ne ainihin jarin kasuwar otal, tun kafin a zo maganar gini da gadaje.

Saukar da baƙo don kuɗi tsohuwar sana'a ce a ƙasar Hausa. A zamanin fatauci akwai fatoma, wato mai gidan da ke saukar da fatake, ya ajiye musu kaya, ya nemo musu masu saye, ya tsaya musu idan an yi cinikin bashi, sannan ya sami rabonsa daga la'ada. Masanin nan Abner Cohen ya bayyana irin wannan tsari a littafinsa na 1969 kan Hausawan Sabo ta Ibadan, inda masu gida ke riƙe da cinikin shanu da goro. Abin lura shi ne cewa a wancan tsari kwana ba shi ne hajar da ake sayarwa ba, amana da sanin kasuwa ake saye, ɗaki kuwa ƙari ne. Turawan mulkin mallaka, waɗanda suka mayar da hedikwatar Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna a 1917, su ne suka kawo masaukin da ake biya dare-dare, ta hanyar gidajen hutu na gwamnati da aka tanada domin jami'ai masu rangadi. Bahaushe bai yi saurin karɓar wannan ba, domin ya tashi da karin maganar cewa baƙonka annabinka, kuma har yau akwai gidajen da suke ganin abin kunya ne ɗan'uwa ya zo gari ya kwana a otal. Kalmar otal ɗin kanta ta daɗe tana ɗauke da zargin giya da masha'a, shi ya sa masu ƙananan wurare a arewacin Kogin Kaduna suka fi son a kira nasu gidan saukar baƙi.

Yawancin manyan otal-otal na farko a Arewa gwamnati ce ta gina su. Otal ɗin Hamdala ya tashi ne a farkon shekarun 1960, zamanin Firimiya Sir Ahmadu Bello, Sardaunan Sakkwato, lokacin da Kaduna ke hedikwatar Jihar Arewa baki ɗaya kuma take buƙatar wurin da za ta sauke ministoci da sarakuna da jakadu, kuma ya kasance cikin kadarorin kamfanin raya Arewa na NNDC. Bayan an rarraba jihohi a 1967, kowace babbar hedikwata ta so ta mallaki nata, aka sami Daula da Bagauda a Kano, da Giginya a Sakkwato, da makamantansu. Kuɗin man fetur na shekarun 1970 ya ƙara wa abin ƙaimi, har Gwamnatin Tarayya ta gina otal ɗin Durbar a Kaduna domin baƙin gagarumin hawan daba da aka yi a 1977 a matsayin ɓangare na bikin al'adun baƙar fata na FESTAC. A wancan lokaci garin yana da masu kwana na gaske, domin masaƙun Kakuri suna aiki, kamfanin haɗa motocin Fijo ya buɗe a 1975, matatar mai ta biyo baya a 1980.

Raunin wannan tsari ya bayyana da zarar kuɗin gwamnati ya ja baya. Otal gini ne mai tsufa da wuri, tunda katifu da famfuna da na'urorin sanyaya ɗaki suna buƙatar sauyi duk bayan 'yan shekaru, kuma idan babban mai kwana a cikinsa shi ne mai shi, wato ma'aikatun gwamnati da ke sauke baƙi bashi, kuɗin gyara ba ya taruwa. Labarin otal biyu ya isa misali. An buɗe Nicon Noga Hilton a Abuja a 1987 da ɗakuna sama da 600, aka sayar wa kamfanin Transcorp da mafi yawan hannun jarinsa a 2005, aka bar gudanarwa a hannun Hilton, sannan a 2015 kamfanin otal ɗin ya shiga kasuwar hannun jari ta Nijeriya, inda dole ne ya riƙa bayyana lissafinsa ga jama'a. Shi kuwa Durbar, an sayar da shi a farkon shekarun 1990, ya faɗa cikin doguwar shari'ar mallaka tsakanin gwamnati da iyalan marigayi Janar Sani Abacha, ya shafe shekaru masu yawa a rufe, har gwamnatin Jihar Kaduna ta rushe shi a watan Janairun 2020, aka kuma komawa kotu. Dukansu an fitar da su daga hannun gwamnati, amma ɗaya ya sami takardar mallaka marar gardama da ƙwararrun masu gudanarwa da gari mai cika da baƙi, ɗayan bai sami ko guda ba.

Idan ana maganar bunƙasar masana'antar otal a Nijeriya a yau, mafi yawan abin da ake nufi yana Legas da Abuja ne. Legas tana da 'yan kasuwa da kamfanonin mai da bankuna, ga kuma 'yan Nijeriya mazauna ƙetare da ke tururuwa gida a watan Disamba, Abuja kuma tun da ta zama babban birni a 1991 take janye tarurrukan da a da Kaduna ke samu. Kamfanonin duniya irin su Marriott da Hilton da Radisson da Accor can suka fi karkata, kuma yana da kyau mai karatu ya san cewa yawancinsu ba sa kawo kuɗin gini. Ɗan kasuwar Nijeriya ne ke sayen fili ya yi gini, sannan ya ƙulla da su yarjejeniyar gudanarwa, wato su ba da sunansu da tsarin aikinsu da hanyarsu ta kama ɗaki ta intanet, su kuma karɓi wani kaso na ciniki. Haka otal ɗin Marriott na Ikeja, wanda aka buɗe a 2021, yake mallakar rukunin kamfanonin SIFAX. Kamfanin W Hospitality Group da ke Legas yana fitar da rahoto duk shekara kan otal-otal ɗin da aka sa hannu za a gina a Afirka, kuma Nijeriya takan fito cikin na gaba-gaba, a bayan Masar. Sai dai sa hannu daban, buɗe ƙofa daban, domin da yawa daga cikin waɗannan ayyuka sukan shafe shekaru suna kango, saboda an yi lissafinsu da dala kuma naira ta zame a tsakiyar aiki.

Masu wannan sana'a suna auna lafiyar kasuwa da ma'auni biyu. Na farko shi ne yawan cikar ɗakuna, wato kason ɗakunan da aka kwana a cikinsu, ta yadda otal mai ɗaki 40 da ya sami baƙi a 20 ya cika kashi 50 cikin 100 a wannan dare. Na biyu shi ne matsakaicin kuɗin da aka karɓa a kan kowane ɗaki da aka sayar, bayan an cire ragin da aka yi wa ma'aikatu da abokan hulɗa. Idan aka haɗa su biyun sai a sami abin da kowane ɗaki ya kawo, da wanda aka kwana da wanda ba a kwana ba. Muhimmancin wannan lissafi ya zo ne daga cewa ɗakin otal ya fi tumatir saurin lalacewa, domin daren da ya wuce babu kowa a ciki ba a ajiye shi a sayar gobe, alhali albashi da kuɗin wuta da na mai gadi suna nan ba su ragu ba.

A arewacin Kaduna, masu cika ɗakunan nan ba 'yan yawon buɗe ido ba ne. Mahalarta taro ne na ma'aikatu da ƙungiyoyin agaji, da 'yan siyasa da ke ganawa a Arewa House ko wajen Dandalin Murtala, da iyayen da ke zuwa faretin yaye hafsoshin NDA, wadda aka kafa a 1964 kuma daga baya ta koma mazauninta na dindindin a Afaka, da 'yan kasuwar baje koli ta duniya da ake yi a hanyar Zariya, sai kuma 'yan biki a ƙarshen mako. Wannan ya sa a otal-otal da dama na Unguwar Sarki da Unguwar Rimi da Malali zauren taro ya zama ƙashin bayan ciniki, tunda taron kwana uku yana sayar da zaure da shayin safe da abincin rana da ɗakuna a lokaci guda. A nan ne kuma rabuwar garin ke nuna kanta, domin tun bayan rikice-rikicen 2000 da 2002 mazauna sun ja layi a kogi, kuma yayin da wurare da yawa a Barnawa da sauran kudancin gari ke samun riba daga mashaya da kiɗan dare, yawancin na arewa ba su da wannan ƙofa, sai su dogara ga dinar biki da walima da taron bita.

Kasuwar da ke rayuwa a kan taro tana tashi da faɗuwa da lafiyar hanya. Jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna, wanda ya fara aiki a watan Yulin 2016, ya zama wuƙa mai baki biyu, domin ya sauƙaƙa wa masu shirya taro su kawo shi Kaduna inda kuɗi ya fi sauƙi, amma kuma ya ba jami'in da a da zai kwana damar ya zo da safe ya koma da yamma daga tashar Rigasa. A watan Maris na 2017, da aka rufe filin jirgin saman Abuja na mako shida aka karkato jirage Kaduna, an ga yadda garin ke iya cika idan dalili ya samu. An ga kishiyar haka a kullen annobar korona na 2020, sannan a ranar 28 ga Maris 2022 da aka kai wa jirgin ƙasan hari, aka dakatar da shi har zuwa Disamba na wannan shekara. Babu ragin farashin da mai otal zai yi ya jawo baƙon da iyalinsa suka hana shi hawa hanya.

Ɗaya matsalar ita ce wuta. Baƙon da ya tsaya gaban teburin karɓar baƙi a ƙaramin masauki kusa da Kawo, kafin ya tambayi kuɗin ɗaki yakan tambaya ko janareto na kwana, kuma amsar da aka saba ba shi ita ce ana kunnawa da magariba a kashe wajen tsakar dare, sai idan an kawo wuta. Farashin man dizal ya ninka fiye da sau biyu a 2022, an janye tallafin fetur a ranar 29 ga Mayu 2023, an saki naira ta nemi farashinta a watan Yuni na wannan shekara, sannan a Afrilun 2024 aka ɗaga kuɗin wutar rukunin A, wato layukan da aka yi wa alkawarin awa 20 a rana, daga kusan naira 68 zuwa 225 kan kowane yunit. Otal ɗin Legas da baƙinsa ke lissafi da dala yana iya ɗora wannan nauyi a kan farashi, amma na Kaduna, wanda baƙonsa ma'aikaci ne mai ƙayyadadden kuɗin kwana, idan ya ƙara da yawa sai baƙon ya koma gidan ɗan'uwa. Bashin banki ma bai zama mafita ba, tunda Babban Banki ya kai ma'aunin kuɗin ruwa kashi 27.5 cikin 100 a ƙarshen 2024, alhali otal yakan ɗauki shekaru kafin ya mayar da kuɗin gininsa. Wannan ne ya sa faifan sola da batura suka fara mamaye rufin ƙananan masaukai, kuma shi ya sa yawancin sababbin otal-otal na garin matsakaita ne, waɗanda mutum ɗaya ya gina da kuɗin aljihunsa, sau da yawa ta hanyar mayar da tsohon gidan zama masauki.

Akwai kuma sabon abokin gasa, wato gidajen haya na 'yan kwanaki, inda mai gida ke ƙawata falo da ɗakuna da kicin ya tallata a Instagram ko WhatsApp, dangin amarya su kama gaba ɗaya na kwana uku su yi girkinsu. Wannan ya dace da al'adar iyalin Bahaushe fiye da jerin ɗakunan otal, kuma nauyin haraji da na ma'aikata ya fi sauƙi a kansa. Batun haraji kuwa tsohon kuka ne, domin ban da harajin sayen kaya na tarayya, wanda ya tashi daga kashi 5 zuwa 7.5 cikin 100 a 2020, akwai na jiha da na ƙaramar hukuma. Tun hukuncin Kotun Ƙoli na 2013 a shari'ar Gwamnatin Tarayya da Jihar Legas, rajista da sa ido kan otal-otal haƙƙin jihohi ne, saboda haka taurarin da wani otal ke liƙa wa kansa a allo ba lalle ne wata hukuma ɗaya ta ƙasa ta tantance su ba.

Unguwa irin Unguwar Kanawa tana cin moriyar wannan kasuwa ne ta ƙofar baya, ta hannun masu wanki da guga da masu gadi da direbobin Keke Napep da masu kai ƙwai da kayan miya, kuma kaɗan ne daga matasanta ke kaiwa ga kujerar manaja ko babban mai dafa abinci, duk da cewa Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna ta daɗe tana koyar da aikin otal da girki. Tsohon kallon da ake yi wa aikin otal yana da hannu a wannan. Ga mai kuɗin da ke tunanin shiga sana'ar a wannan ɓangare na gari, babban gini mai benaye ba shi ne abin da kasuwar ke nema ba a yanzu; otal matsakaici mai takardar fili tsaftatacciya, da zauren taro, da wutar da ba ta dogara ga dizal kaɗai ba, da akawun da ke rubuta cikar ɗakuna kowace safiya, shi ne ya fi kusa da mayar da kuɗinsa.