Bondarchuk: mai shirya fim ɗin da banki ya riƙe wa kaya har ya rasu

Duk ɗan kasuwar da ya taɓa haɗa hannu da abokin ciniki na wata ƙasa, kaya suka maƙale saboda bashin da ba shi ya ci ba, zai fahimci labarin Sergei Bondarchuk. Shi dai ba ɗan kasuwa ba ne, mutumin sinima ne na ƙasar Rasha, amma ƙarshensa irin wanda muke gani ne a kan iyaka.

An haife shi a 1920 a wani ƙauye na Yukren, ya yi soja a Yaƙin Duniya na Biyu, sannan ya koyi wasan kwaikwayo a Mosko. Tun yana ɗan wasa ya yi suna. Bayan ya fito a fim ɗin Taras Shevchenko na 1951, gwamnatin Tarayyar Sobiyet ta ba shi lambar girma mafi daraja ta 'yan wasa, alhali bai wuce shekara 32 ba. A 1959 ya koma bayan kyamara, ya shirya fim ɗinsa na farko a kan wani sojan da Jamusawa suka kama, ya dawo ya tarar iyalinsa sun ƙare. Shi ya ba da umarni, shi ya fito a matsayin sojan.

Daga nan sai babban aiki, wato fim ɗin littafin Tolstoy mai suna Yaƙi da Zaman Lafiya, kashi huɗu, kusan awa bakwai. A wancan zamani gwamnati ce uwa da uba. In ya ce yana son dawaki, a kawo. In ya ce sojoji, rundunar ƙasa ta ba shi dubbai su sa kayan zamanin Napoleon. Aikin ya ci shi har zuciyarsa ta buga ana tsakiyar ɗauka, amma ya tashi ya ƙarasa, kuma a 1969 Amurkawa da kansu suka ba fim ɗin kyautar Oscar, ana cikin yaƙin cacar baka.

A ganinmu a nan matsalar ta soma. Mutumin da ya saba aiki da aljihun gwamnati bai taɓa zama ya lissafa uwar kuɗi da riba ba. Fim ɗin Waterloo na 1970, wanda ya yi da attajirin Italiya Dino De Laurentiis, ya burge ido, amma bai mayar da kuɗinsa a kasuwa ba. A 1986 kuma, zamanin Gorbachev, 'yan'uwansa masu sana'a suka ƙi zaɓensa cikin shugabannin ƙungiyarsu, don suna ganinsa ɗan gatan tsohuwar gwamnati.

Tarayyar Sobiyet na tangal-tangal, baitulmali ya bushe, sai ya sake neman Italiyawa don ya cika burinsa na shekaru, wato fim ɗin littafin Sholokhov a kan mutanen kogin Don. Aka ɗauko ɗan wasan Ingila Rupert Everett, aka gama ɗauka a farkon shekarun 1990. Sai kamfanin Italiyan ya karye. Faifayen duka suna can Italiya, banki ya kulle su a madadin bashi. Shi da ya yi wahalar, ba shi da ikon taɓa ko ɗaya, tun da kuɗin da kayan duk na kamfani ne.

Bondarchuk ya rasu a Mosko a watan Oktoba na 1994 bai ga fim ɗin ba. Sai da aka shafe fiye da shekara goma ana ja-in-ja kafin faifayen su dawo gida. Ɗansa Fyodor, wanda shi ma ɗan wasa ne da ya koma shirya fim, shi ya haɗa su, aka nuna a talabijin ɗin Rasha a 2006.