Zakkar Mai Kanti a Yankin Diffa

Tun da aka buɗe sansanin Sayam Forage a ƙarshen 2014 domin 'yan gudun hijirar da rikicin Boko Haram ya koro daga Najeriya, zakkar 'yan kasuwar Diffa ta ƙara muhimmanci. A mazhabar Malikiyya, mai kanti mudiri ne, wato wanda hajarsa ke juyawa kullum, saboda haka yakan ƙiyasta kayansa sau ɗaya a shekara, ya fitar da kashi 2.5 cikin 100 idan dukiyar ta kai nisabi, ma'ana mafi ƙarancin abin da zakka ke hawa kansa. Fataken da ke ajiye busasshen tattasan kwarin Komadugu suna jiran farashi kuwa, sai sun sayar suke fitarwa.