Mai Rabo Shi Ne Sarki: Daga Mosko Zuwa Karaye Da Rogo

A 1957 Milovan Djilas, tsohon na hannun daman Shugaba Tito a Yugoslabiya, ya wallafa littafi yana cewa gurguzu ya kawar da attajirai amma ya haifi wasu sabbin masu gata, wato jami'an jam'iyya. Ya sha ɗauri a kan wannan magana. A tsohuwar Tarayyar Sobiyet irin waɗannan jami'ai suna da kantunansu da asibitocinsu da gidajen hutunsu, talaka kuwa yana bin layin nama.

Dalilin bai ɓuya ba. Gona da masana'anta da galibin gidajen birane duk na gwamnati ne, don haka mai ikon rabawa ya zama mai dukiya ko da babu sunansa a takarda. Ga shi ba jam'iyyar adawa, ba jaridar da za ta tambaye shi. Da ƙasar ta rushe a 1991, da yawansu suka mallaki kamfanonin gwamnati da araha.

Kano ba ta taɓa yin gurguzu ba, amma ta yi siyasar talakawa. Jam'iyyar NEPU ta 1950 ta yaƙi zaluncin masu sarauta, kuma da jam'iyyar PRP ta kafa gwamnati a 1979, Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali. Manomi da makiyayi a ƙasar Karaye da Rogo sun sami sauƙi na gaske, wannan ba abin musu ba ne. Sai dai ba a jima ba jam'iyyar ta dare gida biyu, Santsi da Taɓo, ikon da aka karɓe daga hakimi da dagaci kuma ya koma hannun 'yan siyasa. Yau taki da kwangila da takardar ɗaukar aiki ta hannun kansila da shugaban jam'iyya suke bi. Ita kanta masarautar Karaye gwamnati ce ta kafa ta a 2019, wata ta rushe ta a 2024, sannan ta dawo da ita da daraja ta biyu.

Za a ce ai mu muna da zaɓe. To, a 2021 APC ta lashe duk ƙananan hukumomi 44 na jihar, a 2024 NNPP ta lashe 44 ɗin. Wa zai binciki wa?

Don haka manoman Karaye da Rogo su nemi a riƙa manna sunayen waɗanda suka karɓi taki a kowace mazaɓa, tare da yawan buhunan.