Amsar Wasiƙa: Zoben da Ke Kai Mutum Wata Duniya

TAMBAYA: Wani mai sauraronmu, manomi kuma mai sayar da hatsi, ya rubuto cewa ɗansa da ke makarantar sakandare ya ba shi labari wai Turawa suna da wani zobe, in ka taɓa shi sai ka ɓace, ka ɓullo a wata duniya dabam. Yana so a yi masa bayanin yadda zoben yake aiki, da kuma ko da gaske akwai shi, domin wani ya yi masa tallar irinsa ran kasuwa.

AMSA: To Malam, mun gode da wasiƙarka. Tun kafin mu yi nisa, riƙe kuɗinka. Zoben nan ba ya ko'ina sai cikin littafi. Wani malamin jami'a a Ingila, C. S. Lewis, shi ya ƙago labarin. Ya rubuta wa yara littattafai bakwai daga 1950 zuwa 1956 a kan wata ƙasar tatsuniya mai suna Narnia. Wanda ke da zancen zoben ya fito a 1955, sunansa The Magician's Nephew, watau ɗan 'yar'uwar matsafi.

Ga yadda marubucin ya tsara abin. Zobban iri biyu ne, rawaya da kore. Wani matsafi a birnin Landan, Kawu Andrew, ya ƙera su da wata ƙura da ya gada cikin akwati. Ba sai ka sa a yatsa ba, fatarka kawai ta taɓa shi, shi ya sa shi kansa ba ya ɗauka sai da safar hannu. In ka taɓa rawayan, sai ka tsinci kanka a wani kurmi mai shiru, wanda ke tsakanin duniyoyi. Ka ɗauke shi kamar tashar mota, inda kowace hanya take haɗuwa. Cikin kurmin akwai kududdufai birjik, kowanne ƙofar wata duniya ce. In ka shiga da rawayan, ruwan iyakarsa idon sawu, ba inda za ka je. Sai ka taɓa koren, sa'an nan ka nutse ka ɓullo a duniyar wannan kududdufi. Kuma duk wanda ya riƙe ka, ko da mutum ko dabba, tare za ku tafi.

Hanyar tana da haɗari uku. Na farko, kurmin yana sa barci da mantuwa, har mutum ya manta daga ina ya fito. Na biyu, kududdufan duk kamarsu ɗaya. Da yaran labarin, Digory da Polly, ba su sa wuƙa sun yanke ciyawa a bakin nasu don shaida ba, da sun ɓata har abada. Na uku, ba ka san wanda zai biyo ka gida ba. A wata matacciyar duniya mai suna Charn, yaron ya buga wata ƙararrawa don son ganin ƙwaƙwaf, ya tashi muguwar sarauniya Jadis, wadda ta hallaka mutanenta kaf da kalma ɗaya. Ta cafki gashin yarinyar, ta biyo su, a ƙarshe har cikin Landan.

Amma ka lura da halin mai zoben. Tsoro bai bar shi ya gwada da kansa ba. Ya fara da ɓerayen Masar, daga baya ya yaudari yarinyar da kyautar rawayan, bai ba ta koren ba, don dole ɗan 'yar'uwarsa ya bi ta. Shi kansa bai fahimci yadda zobban suke aiki ba. A ƙarshen labarin, binne su yaran suka yi don kada kowa ya sāke taɓawa.

A zahiri kuwa, babu wani ɗan Adam da ya taɓa ƙera zobe ko na'ura mai yin wannan aiki. Wuri ɗaya tak mutum ya taka a wajen duniyarmu, shi ne wata. Amurkawa 12 suka sauka a kansa daga 1969 zuwa 1972, kuma a kumbo suka je, tafiyar kamar kwana uku, nisan kilomita wajen 384,000, bayan an kashe dukiya mai ɗimbin yawa.

Saboda haka Malam, bar yaro ya ci gaba da karatunsa, labari ne mai daɗi da hikima. Shi kuwa mai talla, ka san an ce wanda zai ba ka riga, dubi ta wuyansa. In zobensa yana aiki, me ya zaunar da shi cikin rana yana neman kuɗin hatsinka? Ce masa ya taɓa a gabanka ya ɓace tukuna. Allah ya ba da kasuwa, ya sa a ga damina lafiya.