Alhaji Umaru na Kete-Krachi: Malamin da Ya Rubuta Labarin Talakawa

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

'Yan uwa, idan aka tambayi ɗalibi a Aboabo ko Asawase yadda kakanninsa suka iso ƙasar Asante, sau da yawa amsarsa ba ta wuce "fataucin goro". Ta wace hanya suka biyo? Me suke ɗaukowa daga Hausa? Sai shiru. Alhali akwai malami daga cikinmu da ya rubuta irin rayuwar da suka baro, shi ne Alhaji Umaru ɗan Abubakar, limamin Kete-Krachi.

An haife shi a Kano wajen shekarar 1858, asalin gidansu Kabi. Ya yi karatu a ƙasar Hausa, ya bi ayarin fatake zuwa Salaga, babbar kasuwar goro ta wancan zamani. Bayan yaƙin basasar Salaga na 1892 ya koma Kete-Krachi, ya yi limanci da karantarwa har Allah Ya karɓi ransa a 1934.

Yawancin littattafan tarihi na lokacinsa jerin sunayen sarakuna ne da yaƙe-yaƙensu. Shi ma ya rubuta irin wannan, kamar tarihin Kabi. Amma bai tsaya nan ba. Da Hausar ajami ya bayyana noma, sana'o'i, kasuwanci, aure da halin bayi. Ya yi waƙa kan talauci da wadata, ya yi kan zuwan Nasara, ya yi kan annobar mura ta 1918. Wato mutanen da ba a buga musu tambari, su ma ya ba su wuri a takarda.

Da yawa daga rubutunsa na zube ya yi su ne don wani jami'in Jamus, Adam Mischlich, wanda ke koyon Hausa a wurinsa. Shi ya sa takardun suka tafi Turai. A 1973 Douglas Ferguson ya yi digirinsa na dakta a Amurka a kansu, a 2000 kuma Stanisław Piłaszewicz, masani ɗan ƙasar Poland, ya buga wasunsu a Berlin. Tsohon garin Kete-Krachi kuwa, ruwan tafkin Volta ya cinye shi bayan gina madatsar Akosombo. Gari ya nutse, rubutu ya tsira. Amma mu jikokin fataken, mu nawa ne muka karanta shi?

Wannan shi ne abin da ya shafe mu. A gidajen Zango akwai akwatunan wasiƙu, ijazozi da lissafin fatauci da gara ke ci, akwai kuma tsofaffi da ke tafiya da labarinsu. Muna kira ga ɗalibai: ku zauna da kakanninku, maza da mata, ku rubuta abin da suka faɗa. Ku bi tarbiyyar malaman hadisi, ku ambaci wanda ya ba ku labari da wanda ya ba shi, kada ku ƙara gishiri don ɗaukaka gidanku. Masu takardu kuma su bari a ɗauki hotonsu da waya, a ajiye kwafi a masallaci.

Allah Ya jiƙan Alhaji Umaru, Ya gafarta wa magabatanmu, Ya sa mu riƙe amanar da suka bar mana. Amin.