Fomalin: ruwan da ke hana nama ruɓewa

Idan aka ambaci fomalin, mutuware ce take fara zuwa zuciyar yawancin mutane. Sun san shi a matsayin ruwan da ake ɗura wa gawa don kada ta lalace, mai warin nan da ke sa hawaye. Haka ne, amma wannan ɗan ƙaramin yanki ne na aikinsa. A asibiti masu rai sun fi matattu cin moriyarsa. Duk wanda aka taɓa cire wa ƙari a nono ko a wuya, ko aka gutsuri ɗan nama a bakin mahaifa ko a hanji don a gano abin da ke damunsa, to a cikin fomalin naman nan ya kwana kafin likita ya iya cewa kansa ce ko ba ita ba ce.

Asalinsa wata iska ce marar launi mai kaifin wari, ana kiranta fomaldihaid. Wani masanin sinadarai ɗan Rasha, Aleksandr Butlerov, shi ya fara cin karo da ita a 1859, daga baya Bajamushe August Wilhelm von Hofmann ya tantance ta. A yau masana'antu suna samar da ita daga metanol. Tun da iska tana da wuyar sarrafawa, sai a narkar da ita a ruwa har ta kai kashi 37 cikin 100, a ƙara ɗan metanol don kada ta dunƙule ta zama farin gari a gindin jarka. Wannan haɗin shi ne fomalin. Ido ba ya bambanta shi da ruwan famfo, sai dai hanci.

Amfaninsa mafi girma an gano shi ne ba da niyya ba. A 1893 wani matashin likita a birnin Frankfurt, Ferdinand Blum, yana gwada shi a matsayin maganin kashe ƙwayoyin cuta, sai ya lura fatar yatsunsa ta yi tauri. Ya saka naman dabbar gwaji a ciki, ya ga shi ma ya taurara, kuma ƙirarsa ba ta sauya ba. Sama da shekara 130 ke nan, har yau ba a samu abin da ya ture shi daga ɗakunan binciken nama na duniya ba.

Me yake yi wa nama? Tsoka, fata, hanta, har ma su kansu ƙwayoyin cuta, duk ginshiƙin gininsu furotin ne. Fomalin yana ratsawa ya ɗaure waɗannan furotin ɗin da junansu, kowanne ya tsaya cak a inda yake. Aikin ya yi kama da na majema: ɗanyar fata cikin kwana biyu take wari, amma idan ta sha bagaruwa sai ta yi shekaru, domin bagaruwar ta kama furotin ɗin fatar ta ɗaure. Naman da aka yanke daga jiki abu biyu ne ke lalata shi. Na farko, sinadaran da ke cikinsa suna fara narkar da shi da kansu da zarar jini ya daina isa gare shi. Na biyu, ƙwayoyin cuta suna far masa. Fomalin yana tsayar da duka biyun lokaci guda. Wanda ya riƙe wannan ya fahimci sauran labarin, domin da wannan ɗaurin yake kashe ƙwayar cuta, da shi yake adana gawa, da shi kuma yake ƙona idon mai rai da huhunsa. Bai san naman da aka cire da wanda yake jikin mutum ba.

A ɗakin gwaji ba mai ƙarfin ake amfani da shi ba. Ana sirka kashi 1 da kashi 9 na ruwa, a ƙara wasu gishirai masu hana shi tsami. Ma'aikata suna ce masa mai kashi 10, ko da yake ainihin fomaldihaid ɗin da ke ciki bai wuce kashi 4 cikin 100 ba. Ƙa'ida ita ce ruwan ya ninka girman naman aƙalla sau 10. A hankali yake ratsa nama, kimanin milimita 1 a awa, shi ya sa babban ƙari sai an tsattsaga shi, in ba haka ba bayansa ya taurara cikinsa kuwa ya ruɓe. Bayan ya kamu, sai a tsotse ruwan jikinsa da sifirit, a dasa shi cikin narkakken kakin kyandir, a bar shi ya daskare. Daga nan a sa wata na'ura mai kaifi ta fere shi falle-falle, kowane falle kaurinsa bai kai kashi 1 cikin 10 na silin gashi ba. A shimfiɗa a kan gilashi, a rina da shuɗi da ja, likitan binciken nama ya duba a madubin da ke ƙara girman ƙananan abubuwa. Abin da yake nema shi ne yadda ƙwayoyin halittar suka jeru da yadda siffarsu take. Idan naman ya fara ruɓewa kafin ya shiga fomalin, wannan jeren ya rushe, kuma duk gwanintar likita ba za ta dawo da shi ba.

A kansar nono abin ya fi haka tsanani. Ƙa'idar da ƙwararru ke bi ita ce naman ya shiga fomalin kafin awa 1 da cire shi, ya zauna a ciki tsakanin awa 6 zuwa 72. Dalili kuwa, akwai gwajin da ke nuna ko ƙarin yana girma ne da sinadaran mace, kuma da sakamakonsa ake yanke shawarar ba ta magani irin tamoxifen. Naman da aka yi wa sakaci yana iya nuna babu alhali akwai, mace ta rasa maganin da zai amfane ta.

Wannan ya shafi iyalan majinyata kai tsaye, domin ba kowane asibiti ne yake da sashen binciken nama ba. Sau da yawa bayan tiyata a ƙaramin asibiti, ɗan'uwan majinyaci ake miƙa wa roba da takarda a ce ya kai asibitin koyarwa, ko na Aminu Kano, ko na Shika a Zariya, ko na Sakkwato, ko na Maiduguri. Wanda aka ɗora wa wannan amana ya duba ya tabbata ruwan ya rufe naman ruf, murfin ya ɗauru, kuma sunan majinyacin da lambarsa suna jikin robar, ba a murfi kaɗai ba. Kada ya buɗe don ya leƙa. Kada ya rage ruwan don gudun zuba a mota, kada ya ƙara da ruwa ko sifirit. Ba a sa shi a firiza, domin ƙanƙara tana farfasa ƙwayoyin halitta, ba a kuma barinsa a but ɗin mota cikin rana. Mazubin ya zama mai faɗin baki, saboda naman da ya shiga da laushi da tauri zai fito. Kuma a kai da wuri. Akwai masu ajiye robar a gida har sai kuɗin gwaji sun samu, akwai masu binne naman don girmama jikin ɗan'adam. Niyyar mai kyau ce, amma ƙarin da aka binne ba a gwada ba ya tafi da amsar tambayar da rayuwar majinyacin ta rataya a kai. A bari a gwada tukuna, sannan a tambayi asibiti abin da za a yi da ragowar. Ɗan dunƙulen kakin nan ma yana yin shekaru da dama bai lalace ba, ana iya ɗaukarsa zuwa wani asibitin idan ana neman ra'ayin wani likita.

Akwai inda fomalin ke ɓata aiki. Idan likita yana son a raini ƙwayar cuta daga naman, misali ana zargin tarin fuka, ba a sa wannan yankin a fomalin, domin zai kashe abin da ake nema. Idan an ba ku mazubi biyu, ɗaya da fomalin ɗaya babu, ba kuskure aka yi ba.

Wani aikin nasa da ba kowa ya sani ba shi ne a rigakafi. A shekarun 1920 Gaston Ramon na Cibiyar Pasteur a Faransa ya gano cewa fomalin yana kashe kaifin dafin da ƙwayar mashaƙo ke fitarwa, amma ya bar siffarsa yadda jiki zai gane shi ya shirya masa. Daga nan aka samu rigakafin mashaƙo da na sandarewar wuya, wanda ake yi wa masu juna biyu da wanda ƙusa ta soka. Da fomalin kuma Jonas Salk ya kashe ƙwayar shan-inna ya yi allurar da aka fara amfani da ita a Amurka a 1955. Masu yaɗa tsoro a waya sukan ce ana yi wa yara allura da ruwan gawa. Gaskiyar ita ce ana tace shi bayan ya gama aikinsa, ɗan abin da ya rage kuwa bai kai wanda ke yawo a jinin jaririn ba tun asali. Jikin kowane mutum yana samar da fomaldihaid kullum a cikin aikinsa na yau da gobe, yana kuma kawar da shi cikin mintuna. Tuffa ma tana ɗauke da shi kaɗan. Yawa ne ke mayar da shi guba.

A matsayin maganin tsabtace wuri, yana kashe kusan kowace irin ƙwayar cuta idan aka ba shi lokaci, amma asibitoci sun ja baya da shi saboda illarsa ga ma'aikata. Don tsabtace na'urorin da ake zura wa mutum a ciki ta baki, an fi amfani da wani ɗan'uwansa mai suna gulutaraldihaid. Inda ya fi zama yanzu shi ne wajen masu kiwo. Masu kaji suna turara shi a injin ƙyanƙyasa da ɗakin da aka kwashe kaji, ana sirka shi a tsoma ƙafafun tumaki da shanu masu ciwon kofato, masu kifi kuma suna kashe ƙwarin da ke manne wa fatar kifi da shi, ko da yake yana rage iskar da ke cikin ruwan, ya kuma kashe kifin idan aka zarce awo. Duk waɗannan aikin likitan dabbobi ne, ba na ji a bakin maƙwabci ba. Ba a wanke rauni da shi, ba a goge ɗaki da shi.

Mafi yawan abin da duniya ke samarwa kuwa ba asibiti yake zuwa ba. Gam ake yi da shi, wanda ake manna katakon falle-falle da na dusar katako. Warin nan mai yaji da ke fita daga sabuwar wadirof ko kabad ɗin amarya, da shi a ciki. Maganinsa buɗe taga. Hayaƙin taba da na itace ma suna ɗauke da shi.

Illarsa iri biyu ce. Ta nan take ita ce hawaye, yajin hanci, tari, tashin asma, da ƙaiƙayi ko tsagewar fata. Ta dogon lokaci ta fi tsoratarwa. A 2004 hukumar binciken kansa ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya fomaldihaid a rukunin abubuwan da aka tabbatar suna jawo wa mutum kansa, musamman ta can bayan hanci, daga baya ta ƙara da kansar jini. Waɗanda abin ya fi shafa su ne masu shaƙarsa shekara da shekaru: ma'aikatan ɗakin gwaji, na mutuware, na masana'antar katako, da masu koyar da ɗaliban likitanci a ɗakin fiɗar gawa. Hanci yana sabawa da warin, ma'aikaci ya ɗauka ya ragu alhali yana nan. Takunkumin yadi ko na takarda ba ya tare shi, domin iska ce ba ƙura ba. Abin da ke aiki shi ne fankar da ke zuƙe iskar ɗaki ta fitar waje, rufe mazubi, tabarau da safar hannu mai kyau. A ganina asibitin da ya iya sayen fomalin ba shi da uzurin barin ma'aikatansa a ɗakin da iska ba ta fita.

Sai batun abinci, wanda tsohon ha'inci ne. A ƙarshen ƙarni na 19 masu sayar da madara a Amurka suna zuba fomalin a ciki don kada ta yi tsami, yara suka yi ta mutuwa, kuma wannan yana cikin abubuwan da suka haifar da dokar tsabtar abinci da magunguna ta ƙasar a 1906. Bangladesh ta yi fama da shi a kasuwannin kifi har ta kafa doka ta musamman a kansa a 2015. A Najeriya hukumar NAFDAC ta sha gargaɗi kan daskararrun kaji da talotalo da ake shigowa da su ta ɓarauniyar hanya, saboda wasu ana shafe su da fomalin don su jure doguwar tafiya ba sanyi. Mutane sukan ce a gane irin wannan nama da taurinsa kamar roba, da warin magani, da yadda ƙuda ke gudunsa. Alamu ne da ya kamata su sa mutum ya fasa saye, amma tabbaci sai a ɗakin gwaji. Wanki da dahuwa ba sa mayar da shi lafiyayye, domin wani ɓangaren ya riga ya ɗauru da naman, kuma wanda ya zuba shi tun farko ruɓa yake ɓoyewa.

Idan ya fantsama a ido, a wanke da ruwa mai gudana na aƙalla minti 15 sannan a tafi asibiti. Idan a jiki ne, a cire kayan da ya jiƙa, a yi wanka da sabulu. Wanda ya shaƙa da yawa a fitar da shi fili. Shansa ne mafi muni: kimanin cokali 2 na mai ƙarfin yana iya kashe babban mutum, yana ƙona maƙogwaro da ciki, yana lalata ƙoda. Kada a sa shi amai, domin abin da ya ƙona da shiga zai sake ƙonawa da fita. Kada a tsaya ɗura masa manja, a garzaya asibiti da mazubin a hannu. Kamanninsa da ruwa yakan ruɗi har ma'aikatan lafiya: a 2018 wata matashiya ta rasu a Rasha bayan an yi amfani da fomalin a maimakon ruwan gishiri lokacin da ake yi mata tiyata. Mai kiwon da ya sayo shi kada ya juye a gorar ruwa ko ta lemo. Ya bar shi a jarkarsa ta asali, da rubutu ɓaro-ɓaro a jiki, a wurin da ake kullewa.